Zagayen Birnin Damagaram a ƙasa: tarihin da damina ke ci a hankali

A farkon watan Satumba na shekarar 2024, ruwan sama kamar da bakin ƙwarya ya rushe tsohon masallacin unguwar Birni a Damagaram, ginin ƙasa da ke tsaye tun ƙarni na 19. Kafin gari ya waye hotunan ɓaraguzan sun zagaye wayoyin jama'a, daga Yamai har Diffa, kowa na jimami. To amma mai karatu, cikin dubban da suka yi wannan jimami, mutum nawa ne suka taɓa taka ƙafa cikin masallacin lokacin da yake tsaye? Ƴan gari nawa ne za su iya faɗin sarkin da ya kewaye Birni da ganuwa? Abin da ya sa ke nan muka ga ya dace mu ɗauki mai karatu mu zagaya da shi wannan tsohon gari a ƙasa, kamar yadda masu rakiyar baƙi ke yi, tun sauran gine-ginen ba su bi sawun masallacin ba.

Me ya sa sai a ƙasa?

Ba a gina Birni don mota ba. Lungunansa ƙanana ne, a karkace, wasu da ƙyar jaki mai kaya ke wucewa, kuma sau da yawa hanya kan kauce wa wani ƙaton dutse da aka tarar a wurin aka gina gidaje kewaye da shi. Wanda ya ratsa bisa kabu-kabu bango kawai zai gani. Wanda ya taka a ƙasa tare da jagoran da ya san gari, shi zai lura da zanen da ke bisa ƙofar zaure, ya ji sunan zuri'ar da ke cikin gidan, ya gaisa da dattijon da ke zaune bisa dakali, wanda sau da yawa ya fi jagoran kansa sanin labarin.

Zagayen kan ɗauki awa 2 zuwa 3. An fi jin daɗinsa da sanyin safiya, musamman daga Nuwamba zuwa Fabrairu, kafin zafin bazara ya sauko.

Daga ƙofar fada ake farawa

Galibin masu rakiya daga filin ƙofar fada suke soma bayani, inda dogarai ke zaune cikin manyan rigunansu masu ja da kore. A nan ake jin cewa masarautar Damagaram ta samo tushe ne a ƙarni na 18 daga wani malami mai asalin Barno, kuma ta daɗe tana kai gaisuwa ga sarakunan Barno kafin ta yi ƙarfin tsayawa da ƙafarta. Sarkin da sunansa ya fi fitowa a bakin kowane jagora shi ne Tanimun ɗan Sulaimana, wanda ya riƙe sarauta har zuwa 1884. A zamaninsa ne aka kewaye Birni da babbar ganuwa, aka kuma riƙa ƙera igwa a cikin garin, abin da ya sa maƙwabta suka shiga shakkar Damagaram.

Jagoran kirki ba ya tsayawa ga kirari kaɗai. Zai gaya maka cewa dukiyar wancan zamani daga fataucin hamada ta fito: ayarin raƙuma na tashi ta Abzin zuwa Ghat da Tarabulus ɗauke da fatu da gashin jimina, su dawo da yadi, takarda da bindigogi. Zai kuma gaya maka, ba tare da ɓoye-ɓoye ba, cewa cikin hajar da ake fitarwa har da bayi, kuma guminsu na cikin manyan ayyukan da ake alfahari da su a yau. Tarihin da aka tace aka bar zaƙinsa kaɗai, tatsuniya ce.

Daga ganuwar kuwa, ɗan abin da ya rage sai an nuna maka za ka gane shi: tudun jar ƙasa nan da can, wanda ruwa da masu ɗibar ƙasa suka ci.

Yadda ake karanta bango

Shiga lungunan Birni shi ne zuciyar zagayen. A nan jagora ke koya wa baƙo sunayen abin da idonsa ke gani. Ana ɗora bango da tubali, wato curin ƙasa da aka mulmula da hannu aka shanya a rana. Ana rufe ɗaki da azara ta itacen giginya, wadda gara ba ta cika ci ba. In ɗakin ya yi faɗin da azara ɗaya ba za ta kai ba, sai magina su ɗaura bakan gizo, su haɗa azara bisa azara har rufin ya tashi kamar kifaffiyar ƙwarya. Ƙahonnin da ke tsaye a kusurwoyin soro su ne zankwaye, indararo kuwa shi ke fitar da ruwan sama nesa da jikin bango. Domin kare bangon daga damina ana shafe shi da makuba, wadda ake samu daga ɓawon ƴaƴan ɗorawa.

Sai kuma ado. Fuskar gidan mai hali a Damagaram ba ta zama fili: ana yi mata zane mai tudu ko a ƙwarzana shi cikin ɗanyen yaɓe, dagi da sauran siffofi masu sarƙaƙiya, wani lokaci a bi su da launi. Mai wucewa na duban ƙofa ya san matsayin mai gidan tun bai yi sallama ba.

Ginin ƙasa yana da sanyi da rana, yana riƙe ɗumi a daren hunturu, abin da ɗakin siminti mai rufin kwano ba ya yi. Sai dai yana da sharaɗi guda: yana son hannu. Kowace shekara kafin ruwa ya sauka sai an duba rufi, an toshe tsaga, an gyara indararo, an sabunta yaɓe. Gidan da aka yi wa haka yana iya wuce shekara 100. Wanda aka yi wa sakaci damina 3 ko 4 a jere, sai dai labari. Hausawa sun ce sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. A Birni ruwa ne ke shiga.

Tudun soja da zuwan Nasara

Daga Birni ana hango tsohon sansanin da Faransawa suka gina bisa duwatsu. Wuri ne na soja, don haka daga nesa ake dubansa, ba a kuma ɗaukar hotonsa. A nan jagora ke kawo labarin Turawa. Bajamushen nan Heinrich Barth, wanda ya yi yawo da sunan Abdul Karim, ya iso garin a ƙarshen Disamba 1852, ya tashi zuwa Katsina a ƙarshen Janairu 1853. A watan Mayu 1898 aka kashe kyaftin Cazemajou na Faransa a Damagaram, zamanin Sarki Amadu Kuran Daga. A ƙarshen Yuli 1899 sojan Faransa suka ci dakarun sarki a Tirmini, yamma da gari, kuma ba a daɗe ba aka kashe shi kansa sarkin. Faransawa suka laƙaba wa sansaninsu sunan Cazemajou. Bayan samun mulkin kai ne aka mayar da shi da sunan Tanimun.

A 1906 suka tuɓe Sarki Amadu ɗan Basa bisa zargin shirya musu tawaye, suka kore shi daga ƙasar. Daga 1911 zuwa 1926 Damagaram ce babban birnin yankin Nijar, kafin a kwashe mulki zuwa Yamai, mai nisan kusan kilomita 900. Har yau Damagarawa ba su manta da wannan ƙaura ba.

Zango, unguwar fatake

Zagayen kan ƙare a Zango, arewa da Birni, inda ayarin Buzaye da sauran fatake ke sauka a da, tun da baƙo ba ya shigar da raƙumansa cikin ganuwa. Attajiran Zango sun yi gasar ƙawata gidajensu, kuma sunan da aka fi tunawa cikinsu shi ne Malam Yaro, babban ɗan kasuwar ƙarshen ƙarni na 19. In ranar Alhamis ce, ranar babbar kasuwa, sai a ƙarasa wajen dukawa a ga aikin fata, a sayi alkaki a kai tsaraba gida.

Ladubban zagaye

Birni da Zango ba gidan kallo ba ne, unguwanni ne da mutane ke zaune ciki da iyalansu. Don haka a yi sallama, a gaida manya. Namiji baƙo iyakarsa zaure, sai in mai gida ya ce ya shigo. Kada a ɗauki hoton mutum, balle mace, ba da izini ba. A fada a bi ta hannun dogarai, a tuɓe takalmi inda aka ce a tuɓe. A yi ciniki da jagora tun kafin a tashi, a kuma biya shi haƙƙinsa ba tare da ƙwauro ba, domin sana'a yake yi.

Su wa za su taka yanzu?

A da, baƙi daga Turai ne suka fi ɗaukar masu rakiya, suna yada zango a Damagaram kan hanyarsu ta zuwa Agadas. Tawayen da ya ɓarke a arewa a 2007, da sace-sacen Turawa da suka biyo baya irin na Arlit a 2010, sun tsinke wannan hanya. Da yawa daga masu rakiya sun kama wasu sana'o'in, dattawan da suka san labarin gidaje kuma suna ta tafiya ɗaya bayan ɗaya. Magina masu iya bakan gizo su ma ba su da yawa, tun da mai kuɗin yau bulo da siminti yake nema.

Tun 2006 Nijar ta sa Birni da fadar sarki cikin jerin wuraren da take fatan hukumar UNESCO ta amince da su a matsayin kayan tarihin duniya. Tsohon garin Agadas ya samu wannan matsayi a 2013. Damagaram na jira. Amma takarda ba ta yaɓe bango. A 2018, albarkacin bikin 18 ga Disamba da aka yi wa laƙabi da Zinder Sabuwa, garin ya samu tituna da sababbin gine-gine. Tsohuwar Zinder ita ma tana da haƙƙi.

Ba sai an jira Nasara ba. Garin na da jami'a mai ɗauke da sunan André Salifou, ɗan Damagaram da ya rubuta tarihin masarautar a ƙarni na 19. Me zai hana ɗalibanta su zauna da dattawan Birni su rubuta abin da ke bakinsu, su kuma koyi aikin rakiya? Me zai hana kowane malamin makaranta ya fito da ajinsa sau ɗaya a shekara su taka daga fada zuwa Zango? Ma'aikacin da aka turo aiki daga Maraɗi ko Tawa, da ɗan kasuwar da ya zo daga Kano ko Daura, su ma baƙi ne da za su iya biyan jagora jika ɗaya ko biyu. In wani kaso na wannan kuɗi na komawa ga masu gidajen da ake tsayawa a ƙofarsu, mai gida zai samu dalilin kiran magini kafin damina maimakon ya rushe ya zuba bulo.

Muna kira ga ma'aikatar magajin gari, da fada, da ma'aikatar da ke kula da al'adu, su haɗa kai su ƙidaya gidajen da ke cikin haɗari, su fara da waɗanda rufinsu ya soma yoyo. Mai karatu kuma, in Allah ya kai ka Damagaram, ka aje abin hawanka a ƙofar fada, ka nemi wanda ya san gari ya shige maka gaba. Gani ya kori ji, kuma damina mai zuwa ba za ta jira kowa ba.