Yadda ake lissafa kuɗin mota daga Karaye da Rogo

Tun da Shugaba Tinubu ya cire tallafin fetur ranar 29 ga Mayu, 2023, kuɗin mota ya daina zama wuri ɗaya. Mai tashi daga Karaye ko Rogo zuwa Kano, farashin lita zai fara tambaya, domin a kansa direbobi da 'yan kamasho ke yanka kuɗin kujera.

Ba a nan ta tsaya ba. Akwai ɗan acaɓan da zai fito da kai daga ƙauye, kuma da damina, in hanya ta caɓe, sai ya ƙara. Buhun masara kuɗinsa daban. Ranar kasuwa da jajibirin Sallah farashi kan hau. In ka sauka a birni, A Daidaita Sahu na jira. Abin tausayi, da yawa kan manta kuɗin komawa.