Ko Kun Sani?

David Greig, ɗaya daga cikin fitattun marubutan wasan kwaikwayo na Sikotilan, a Jos ya yi ƙuruciyarsa. An haife shi a Edinburgh a 1969, sai aikin gine-gine ya kawo mahaifinsa Nijeriya. Da ya tasa aka mai da shi gida, daga baya ya yi karatu a Jami'ar Bristol. A 2010 ya yi ƙarfin hali, ya rubuta wasan Dunsinane, ya ɗora labari daga inda Shakespeare ya ajiye wasansa na Macbeth, har ya bar matar Macbeth da ranta tana juya sojojin Ingila. A 2016 aka damƙa masa ragamar gidan wasan Royal Lyceum na Edinburgh.