Aron Gona Da Jingina: Kada Shiru Ya Cinye Maka Gona

Da zarar an fara sharar gona, sai ƙararraki su yi yawa a ƙofar dagaci da gaban alƙali. Wannan ya ce gonar ubansa ce. Wancan ya ce ai tun da ya buɗe ido ya ga ubansa yana nomanta. Sau da yawa babu maƙaryaci a cikinsu. Tun da daɗewa ne uban wannan ya ba uban wancan aro ko jingina, ba a rubuta ba, waɗanda aka yi a gabansu kuma duk sun riga mu gidan gaskiya.

Akwai wani hukunci da ya kamata kowane manomi ya sani. Sunansa hauzi, wato daɗewar abu a hannun mutum. Yana cikin littattafan Malikiyya irin su Risala da Tuhufa, waɗanda alƙalanmu ke aiki da su. Idan wani bare ya riƙe gona shekara 10, yana nomanta, yana cewa tasa ce, kai kuma kana gari, kana gani, babu abin da ya hana ka magana amma ka yi shiru, to, alƙali ba zai saurari ƙararka ba bayan nan. Idan tsakanin 'yan'uwa ne, sai abin ya kai kamar shekara 40, domin an san ɗan'uwa yakan kau da kai ga ɗan'uwansa.

Amma a lura. Hauzi ba ya cin gonar wanda ya yi tafiya mai nisa, ko maraya da bai balaga ba, ko wanda tsoron wani mai ƙarfi ya rufe wa baki. Haka kuma ba ya cin gonar aro, ko ta jingina, ko ta haya, ko ta amana, kome daɗewarta. Gonar jingina tana nan ta mai ita. Ranar da ya kawo kuɗin, ko 'ya'yansa suka kawo, a ba su abinsu.

To, ina matsalar take? Tana wajen shaida. Wanda ya kai ƙara shi ake nema ya kawo shaidu. Idan ka ce aro ubanka ya bayar, alƙali zai ce ina shaidunka? Ana son maza 2 adalai, ko namiji 1 da mata 2, ko shaida 1 tare da rantsuwarka. In ka rasa, sai wanda gonar ke hannunsa ya rantse, ya ci gaba da nomansa. Alƙali bai san gaibu ba, abin da aka kawo gabansa da shi yake hukunci.

Saboda haka, ranar da za ka ba da gona, ko da ga amininka ne, a rubuta. Wasu na ganin wannan rashin yarda ne. Ba haka ba ne. Kai da amininka kun san juna, amma jikokinku fa? A sa kwanan wata, da sunayenku, da sunayen maƙwabtan gonar gabas da yamma, kudu da arewa. A faɗa a fili ko aro ne, ko jingina, ko ciniki. In jingina ce, a rubuta yawan kuɗin. Shaidu su sa hannu, mai unguwa ko dagaci ya sa nasa, kowa ya riƙe kofi guda. Kai da ka yi ajin yaƙi da jahilci, ka karanta da kanka kafin ka dangwala yatsa. Ka kuma sa matasa cikin shaidun, kada a tara tsofaffi zalla.

Gwamnati ma tana da tata dokar. Dokar Amfani da Filaye ta 1978 ta sa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna a matsayin amana. A karkara, ƙaramar hukuma ce ke ba da izinin riƙe fili, kuma dokar ta ce a nemi yardarta kafin a sayar ko a jinginar. Sai dai takarda ba ta halatta ƙwace. Kotun Ƙoli ta Nijeriya ta sha yanke hukunci cewa wanda ya yi takarda a kan filin wani, takardar ba ta mayar da filin nasa ba.

Sai maganar iyaka. Maƙwabci yakan ci kunya ɗaya bana, ya ci ɗaya baɗi, kafin ka farga gona ta rame. Dutse ana iya gusar da shi da dare. Gara ka dasa gamba, ko jema, ko bini-da-zugu a kan iyaka, a gaban maƙwabcinka da mai unguwa. In ka ga an shigo maka, ka kai magana wurin dagaci tun a wannan daminar, domin a auna tun tsohuwar kunya ba ta ɓace ba.