Dashen Itace a Ƙofar Gida: Abin da Ya Kamata Magidanta Su Sani

Kowace damina ana dasa itatuwa masu yawa a garuruwa da ƙauyukanmu, amma da dama daga cikinsu ba sa ganin damina ta gaba. Abubuwan da ke kashe su sanannu ne: makara wajen dashe, awaki, gara da ƙishirwar rani. Wanda ya dasa a ƙofar gidansa ya fi kowa damar magance waɗannan, domin kullum idonsa na kan shukar.

Zaɓen Iri da Wuri

Darbejiya, wadda aka shigo da ita lardin Borno a 1928, tana jure fari, kuma ba ta rabuwa da inuwa. Sai dai saiwoyinta suna tafiya nesa, don haka a bar aƙalla mita 5 tsakaninta da katanga, rijiya ko masai. Inda fili ya yi kaɗan, zogale ko gwaiba sun fi dacewa. Kada a dasa babban itace a ƙarƙashin wayar lantarki.

Yadda Ake Dashen

Lokacin da ya fi dacewa shi ne watan Yuli, bayan ruwa ya zauna, domin shukar ta kafu kafin damina ta janye. A haƙa rami mai faɗi da zurfin santimita 60, a gauraya ƙasar sama da takin gargajiya wanda ya ruɓe sosai, saboda ɗanyen taki yana ƙona saiwa. A yanke ledar reno a cire ta ba tare da an fasa ƙasar da ke riƙe da saiwa ba. Kada a binne shukar fiye da zurfin da take a cikin leda. Daga nan a danne ƙasa, a zuba ruwa.

Kulawa

A kewaye shukar da ƙaya ko tubali tun ranar da aka dasa ta, a kuma riƙa barbaɗa toka a kewayenta saboda gara. Da rani a ba ta bokiti guda na ruwa sau biyu ko uku a mako, da yamma. Ruwan alwala ma yana amfani. Shekaru biyun farko su ne masu wuya.

Ana kira ga hakimai, dagatai, masu unguwanni da jami'an gandun daji na ƙananan hukumomi da kada su tsaya ga lissafin abin da aka dasa a Yuli. Su koma a watan Afrilu su ƙirga waɗanda suka rayu.

Allah Ya ba mu damina mai albarka.