Ayaba a Kasuwar Duniya

Indiya ce kan gaba wajen noman ayaba, da fiye da tan miliyan 30 a shekara, amma kusan duka a gida ake cinye ta, shi ya sa Ekwado ta fi kowace ƙasa fitar da ita waje. Cinikin ƙetare kuwa ya dogara kacokan kan nau'i ɗaya mai suna Cavendish, kuma nan rauninsa yake, domin 'ya'yan da ke tsirowa daga gindin uwa ake dasawa, saboda haka cutar da ta kama ɗaya tana iya kama duka. TR4, ƙwayar cuta mai daɗewa cikin ƙasa tana toshe hanyoyin ruwan shukar, ta ɓulla a Kolombiya a 2019, sannan a Peru a 2021.