Ɗaya Ko Da Yawa, Duk Ɗaya Ne? Ma'anar Ambiyamori Ga Mai Hidima

Gabatarwa

A bara, bayan mun tashi daga darasin shawarar aure, wani ɗalibina da ke kiwon wata ƙaramar ikilisiya ya biyo ni ofis da waya a hannu. Ya ce, "Baba, a duba mini wannan." Saƙo ne daga 'yar wani dattijon ikilisiyarsa da ke karatu a Amurka. Wani saurayi yana neman ta, ya kuma gaya mata tun farko cewa shi zai iya zama da mace ɗaya ya gamsu, zai kuma iya soyayya da mutane da yawa a lokaci guda idan kowa ya yarda. Wanda ta zaɓa a ciki, ya yi masa. Yarinyar tana tambayar fastonta ko wannan mai gaskiya ne da za ta yaba, ko mai hatsari ne da za ta guje wa.

Ɗalibin ya riga ya rubuta amsa: "'Yata, yana nufin zai yi miki kishiya." Na ce kada ya aika tukuna, domin ba abin da saurayin yake nufi ke nan ba. Makiyayin da bai fahimci tambaya ba zai amsa abin da ba a tambaye shi ba, mai tambaya kuma ba zai sake dawowa ba. Manufar wannan darasi ita ce mu san ma'anar wannan ra'ayi, mu bambanta shi da abin da muka saba gani, sa'an nan mu auna shi da Littafi Mai Tsarki.

Ma'anar kalmomin

Kalmomi uku za mu riƙe. Ta farko ita ce monogami, daga Helenanci: monos, ɗaya, da gamos, aure. Wato mutum ya tsaya ga abokin zama ɗaya.

Ta biyu ita ce foliyamori. An haɗa ta daga Helenanci, foli, da yawa, da Latinanci, amor, ƙauna. Tana nufin mutum, namiji ko mace, ya yi soyayya da fiye da mutum ɗaya a lokaci guda, da sanin kowa da yardar kowa. Masu wannan ra'ayi suna ɗora nauyi sosai a kan sani da yarda. A wurinsu, wanda ya ɓoye wa abokin zamansa wata dangantaka ya ci amana.

Ta uku, wadda ita ce kan maganarmu, ita ce ambiyamori. Ambi a Latinanci na nufin duka biyu. Mai kiran kansa haka yana cewa ne bai ɗaure kansa ga ɗaya daga tsarin biyu ba. Idan ya sami mai son zaman mutum biyu kaɗai, zai zauna haka, ya ce bai rasa komai ba. Idan ya sami masu son zaman da yawa, zai shiga. Abin da ke yanke hukunci shi ne halin da ake ciki da abin da aka daidaita a kai.

Mu yi masa adalci. Bai ce zai ci amana ba, da yawa daga cikinsu kuma suna cewa idan suka amince da mutum ɗaya suna tsayawa a kan maganarsu. Abin da ya ce shi ne adadi ba ya cikin ainihin aure. A ganinsa tsayawa ga mutum ɗaya zaɓi ne cikin zaɓuɓɓuka, kamar zama a birni ko a ƙauye. Wannan shi ne zuciyar batun.

Kama da wane ba ta wane

Ya bambanta da auren mata da yawa da muka sani a ƙasarmu. A nan namiji ne kaɗai ke ƙara mata. Akwai ɗaurin aure, sadaki, shaidu da dangi, akwai rabon kwana, an san uban 'ya'ya da masu gado. A Musulunci iyaka mata huɗu ne, da sharaɗin adalci. Dokar Nijeriya ta amince da auren al'ada da na Musulunci a wannan tsari, auren rajista kuwa namiji ɗaya ne da mace ɗaya. A foliyamori mace tana da damar da namiji yake da ita, ba dole a ɗaura aure ba, ba iyaka a adadi, dangi kuma ba su da ta cewa. Saurayin nan bai ce wa yarinyar zai yi mata kishiya kawai ba. Ya ce ita ma, in ta so, ƙofa a buɗe take.

Ya kuma bambanta da neman mata a ɓoye. Magidancin da ya ajiye farka a wata unguwa yana rayuwa ne da ƙarya. Masu foliyamori suna ƙyamar ɓoyon, amma ba su ga laifin dangantakar ba. Idan ka haɗa su wuri ɗaya a wa'azi, matashin da ya karanta rubuce-rubucensu zai ce fasto bai san abin da yake magana a kai ba.

Inda ra'ayin ya fito

Kalmomin sababbi ne, amma gwajin ya daɗe. A 1848 John Humphrey Noyes, wanda ya yi karatun tauhidi a Andover da Yale, ya kafa wata jama'a a Oneida, a jihar New York ta Amurka. Ya koyar da cewa kowane namiji a cikin jama'ar mijin kowace mace ne, yana kafa hujja da maganar Yesu a Matiyu 22:30 cewa babu aure a tashin matattu. Jama'ar ta kai kusan mutum 300. A 1879 Noyes ya gudu Kanada, a shekarar kuma aka bar tsarin. Ɗalibin tauhidi ya lura: mai ilimin Littafi ne ya ɗauki aya ɗaya da ke magana a kan rayuwa mai zuwa ya gina gida a kanta.

Daga 1971 zuwa 1991 wata jama'a mai suna Kerista a birnin San Francisco ta gwada zaman soyayyar rukuni. Su ne suka ƙirƙiro kalmar komfashon, wato murnar da mutum zai ji idan masoyinsa yana jin daɗi da wani, akasin kishi ke nan. Kalmar foliyamori ta fara yaɗuwa a farkon shekarun 1990, ta shiga babban ƙamus na Oxford a 2006. A 2020 birnin Somerville a jihar Massachusetts ya amince a yi rajistar zaman tare na fiye da mutum biyu, maƙwabcinsa Cambridge ya bi sahu a 2021. Wannan rajistar birni ce, ba aure ba ne a dokar jiha. Ambiyamori ta zo daga baya, ta yaɗu ta intanet, inda matasa ke neman sunan da za su kira halinsu da shi. Ta wannan hanya take isowa wayoyin 'ya'yanmu.

Tushen ra'ayin guda ne: abin da manya suka yarda da shi da son ransu, ba tare da yaudara ba, daidai ne. Wanda ya karɓi wannan tushe, ambiyamori ba za ta ba shi mamaki ba.

Auna shi da Littafi Mai Tsarki

Za a ce maka, ai Ibrahim, Yakubu da Dawuda sun auri mata da yawa. Kada ka musa, haka yake. Tun daga Lamek a Farawa 4:19 ana ba da labarin masu mata fiye da ɗaya, har zuwa Sulemanu mai mata 700 da ƙwaraƙwarai 300. Shari'ar Musa ma ta yi tanadi domin kāre mai rauni a irin wannan gida: Fitowa 21:10 ta hana a rage wa uwargida abinci, sutura da hakkin kwana, Maimaitawar Shari'a 21:15-17 kuma ta kāre gadon ɗan farin matar da ba a so. Amma ba da labari daban, ba da umarni daban. Dubi abin da ya biyo baya a gidajen. A 1 Sama'ila 1:6 kalmar Ibrananci da aka kira Feninna da ita, tsara, ta fito daga tushen da ke nufin ƙunci da gāba. Bahaushe ma daga kishi ya samo kishiya.

Game da yarda, dubi Farawa 16. Saratu ce da kanta ta kawo shawarar Hajaratu. Ba ɓoyo tsakaninta da mijinta, ba yaudara. Duk da haka gidan ya kama da wuta, aka ƙare da korar uwa da ɗa zuwa jeji. Lura kuma ba a tambayi Hajaratu ba, balle Isma'ilu. Sau da yawa abin da ake kira yardar kowa, yardar masu ƙarfi ce. Mai tsoron a rabu da ita takan ce ta yarda, yaro kuwa ba ya cikin shawara. Hananiya da Safiratu ma sun daidaita tsakaninsu, daidaitawar ba ta tsarkake abin da suka yi ba. Yarda wajibi ce a aure, amma ita kaɗai ba ta isa ba.

Da aka tambayi Yesu a kan saki a Matiyu 19, bai tsaya ga kakanni ba, ya koma farkon halitta, ga Farawa 2:24, inda mutum biyu ke zama jiki ɗaya, Allah ne kuma mai haɗawa. Malakai 2:14 ya kira aure alkawari, Ubangiji ne shaida. A 1 Korintiyawa 7:2-4 Bulus ya ba kowane namiji matarsa, kowace mace mijinta, ya kuma ce jikin miji na matarsa ne kamar yadda nata yake nasa. Afisawa 5 ta sa aure ya zama hoton Almasihu da ikilisiya.

A nan bambancin yake. Yarjejeniya ta mutum biyu ce, su suka ƙulla, suna iya sake ta idan ra'ayi ya sauya. Alkawari kuwa yana da na uku, wanda ba ya sauyawa. Mai ambiyamori zai iya zama da mace ɗaya shekara talatin, a ido gidansa da gidan Kirista iri ɗaya ne. Amma shi ya tsaya ga ɗaya domin haka aka daidaita a yanzu, Kirista kuwa domin ya ba da kansa dukka, bai rage abin da zai ba wata ba. Shi ya sa Littafi bai ɗauki kowane kishi a matsayin ciwo ba. Akwai kishi na son kai da ke kashe gida, akwai kuma wanda Bulus ya kira irin na Allah a 2 Korintiyawa 11:2, mai tsaron abin da aka keɓe.

Darasi daga tarihin ikilisiya

Ikilisiyar Afirka ta daɗe tana fama da tambayar mai mata da yawa da ya ba da gaskiya. Taron bishop-bishop na Angilikan a Lambeth a 1888 ya ce kada a yi wa irin wannan mutum baftisma muddin yana tare da matansa. Sakamakon haka a wurare da dama aka sallami mata da 'ya'yansu ba madogara. Bayan shekara 100, taron 1988 ya riƙe auren mace ɗaya a matsayin nufin Allah, amma ya yarda a yi wa mutumin baftisma, bisa sharaɗin ba zai ƙara aure ba muddin ɗaya daga matansa tana raye, jama'ar ikilisiyar wurin sun amince, kuma ba za a tilasta masa korar kowa ba. Ɗarikoki sun bambanta a kan wannan, kowa ya san tsarin tasa. Darasin shi ne ana iya riƙe koyarwa da ƙarfi ba tare da an tattake mutane ba. Kada kuma a ɗauki dattijon da bishara ta same shi da mata biyu, yana ɗauke da nauyinsu, a sa shi layi ɗaya da mai cewa adadi ba komai ba ne.

Shawara ga mai hidima

Na farko, ka saurara har ƙarshe, ka tambayi mutum abin da yake nufi da kalmar da ya faɗa. Wani ya tsince ta ne kawai a waya, wani kuwa gidan iyayensa ne ya rushe a gabansa, ya daina gaskata cewa akwai mai iya riƙe alkawari.

Na biyu, a shawarar kafin aure ka tambayi kowannensu a fili: tsayawa ga mutum ɗaya, a wurinka alkawari ne ko shiri ne na yanzu? Rigakafi ya fi magani.

Na uku, mu duba gidanmu. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hangi na wani. Matasa suna ganin masu aure da zobe a hannu da farka a waje, ikilisiya ta yi shiru domin mutumin mai bayarwa ne. Idan suka ce gara mai faɗin gaskiya da munafuki, sun faɗi rabin gaskiya. Sauran rabin shi ne maganin munafunci tuba ne, ba a sauke ma'auni ba. Shi ya sa 1 Timoti 3:2 ya fara da gidan shugaba.

Kammalawa

Ni da ɗalibin muka sake rubuta amsar. Ya ce mata: "'Yata, ki gode masa da bai ɓoye miki ba, ki kuma ɗauki maganarsa da gaske. Ki tambaye shi, idan bayan shekara goma ya ga wata, ke kuma kika ce a'a, me zai riƙe shi? Idan amsarsa ita ce sai kun sake tattaunawa, to ke alkawari kike nema, shi yarjejeniya yake miƙo miki." Hukunci nata ne, amma ta yanke shi tana sane da abin da ke gabanta. Wannan shi ne hakkinta a kan fastonta.

Tambayoyi domin tattaunawa

1. Bayyana bambanci uku tsakanin foliyamori da auren mata da yawa na al'ada.
2. A Farawa 16, wa ya yarda, wa kuma ba a tambaya ba? Me wannan ke koya mana?
3. Mene ne tsarin ɗarikarka game da sabon tuba mai mata fiye da ɗaya, kuma yaya yake kāre matan da 'ya'yansu?
4. Wani matashi ya ce maka, "Tunda ba wanda aka cuta, ina laifin?" Me za ka amsa masa?