Ruwan Sha da Numfashi a Tashar Sararin Samaniya

Duk wanda ya taɓa durƙusawa gaban malami a zauren karatu, a Biafra ta Treichville ne ko a Adjamé, ya buɗe Ishmawi ko Risala, ya san ba a yin nisa a fiƙihu sai an tsaya a babin ruwa, inda ake sanar da ɗalibi cewa ruwan da najasa ta jirkita launinsa ko ɗanɗanonsa ko ƙamshinsa bai halatta ga ibada ba, bai kuma halatta ga al'ada ba. Magabatan da suka shimfiɗa wannan ƙa'ida rijiya da tafki da ruwan sama ne a gabansu, sai ga shi zamani ya zo da mas'alar 'yan sama jannati, waɗanda ke zaune kimanin kilomita 400 bisa doron ƙasa, a Tashar Sararin Samaniya ta Ƙasa da Ƙasa da ba ta rabu da mazauna ba tun 2 ga Nuwamba 2000, alhali kuwa mafi yawan ruwan da suke sha daga guminsu da numfashinsu da fitsarinsu aka tato shi.

Sha'anin iska shi ne na farko, domin shi ne ba ya jira. Baligi yakan shaƙi abin da ya kusa kilo 1 na iskar oksijin a yini, ya fitar da kimanin haka na kabon dayoksaid. Ita oksijin daga ruwa ake samo ta: wutar da allunan hasken rana suka tara ita ake saka wa ruwa, ya rabu zuwa oksijin da haidurojin, aikin da na'urar Elektron ke yi a ɓangaren Rasha, wata makamanciyarta kuma a ɓangaren Amurka. Daga 2010 zuwa 2017 an yi aiki da wata na'ura mai haɗa haidurojin ɗin da kabon dayoksaid bisa hanyar da masanin Faransa Paul Sabatier ya gano, ruwa ya sake fitowa, a zubar da iskar mitan waje. Abin da ya fi ba ni mamaki kuwa shi ne, da yake babu nauyi a can, iska mai ɗumi ba ta tashi sama, saboda haka mai barci, in ba don fankokin da ke kaɗawa dare da rana ba, numfashinsa ne zai taru a fuskarsa har ya farka da ciwon kai.

Ba a araha aka koyi wannan ilmi ba. A Janairun 1967 mutum uku suka ƙone cikin kumbon Apollo 1 tun yana ƙasa, saboda an cika ɗakinsu da oksijin zalla. A Yunin 1971 wasu uku suka halaka a Soyuz 11 da iskarsu ta zurare ta wata kafa. A Afrilun 1970 kuma mutanen Apollo 13 sun tsira ne da suka haɗa matatar kabon mai kusurwa huɗu da mazauni mai da'ira, da leda da kwali da salatif.

Amma ruwa shi ne inda hikimar ta fi bayyana. Mazaunin Abidjan, garin da laimar teku da ta tafkin Ébrié ke sa riga ta manne a baya tun da hantsi, ya saba ganin ruwa yana ɗiga daga bayan na'urar sanyaya ɗaki. To, a tashar ma haka ake sanyaya iska har laimar gumi da ta numfashi ta koma ruwa, illa dai can ba a barin ɗigo ɗaya ya salwanta. Fitsari ya fi wuyar sha'ani, domin tururi ba ya rabuwa da ruwa inda babu sama babu ƙasa, sai aka ƙera wata ganga mai juyawa da sauri, wadda ke manna ruwan a bangonta, a rage matsin iska ya tafasa ba da zafi mai yawa ba, a kwashe tururin daga tsakiya. Daga nan sai a bi da shi ta matatai, a ƙone ragowar dauɗa da zafi, a auna, in bai kai ba a mayar da shi baya, in ya kai a sa masa aidin don kada ƙwayoyin cuta su tsiro. A 2008 aka kai na'urar, a Mayun 2009 aka fara sha. Ba da jimawa ba gangar ta toshe, da aka bincika kuma sai aka tarar cewa ƙashin mutum yana zaizayewa idan ya daɗe ba ya ɗauke da nauyin jikinsa, sinadarin kalsiyam ya yawaita a fitsari, ya daskare cikin na'urar, abin da gwajin da aka yi a ƙasa bai nuna ba. Sai da aka sauya sinadarin da ake zuba wa fitsarin, aka kuma ƙara wata na'ura mai busar da guiɓin da ya rage, sannan hukumar sararin samaniya ta Amurka, NASA, ta bayyana a 2023 cewa an kai ga maido da kashi 98 cikin 100 na ruwan, wanda shi ne gwargwadon da tafiya Mars ke bukata.

Hukuncin wannan ruwa, a ganina, ba ya da duhu, domin siffofin nan uku sun gushe sarai, kuma tun 1978 Majalisar Manyan Malamai ta Saudiyya ta yanke cewa ruwan ƙazanta da aka tace har launi da ɗanɗano da warin najasa suka kau ya koma mai tsarki. Inda gardama take shi ne alwala da taimama. Da Malesiya za ta tura Dakta Sheikh Muszaphar Shukor a Oktoban 2007, cikin kwanakin ƙarshe na Ramadan, malamanta sun rubuta masa jagora, suka ce ya bi lokutan sallar wurin da kumbonsa ya tashi, tunda tashar tana ganin fitowar rana sau 16 a yini, suka kuma sahale masa taimama a jikin bango ko madubi ko da babu ƙura. Mu Malikawa, da muka sharɗanta ƙasa ko dutse ko abin da ke jinsinsu, da wuya mu karɓi bangon ƙarfen da aka ƙera. Kuma hukuncin wanda ya rasa ruwa da ƙasa baki ɗaya tsohon saɓani ne a mazhaba, inda aka ruwaito daga Malik cewa salla da ramuwarta sun faɗi, Ibnul Ƙasim ya ce ya yi salla ya kuma rama, Ashhabu ya ce ya yi ba ramuwa, Asbagu ya ce ramuwa kaɗai. Sai dai ɗan sama jannati bai rasa ruwa ba: ruwan ne ba ya kwarara, yana dunƙulewa ya manne a fata, kuma ko shafa shi da cuɗa shi a gaɓa ya cika sunan wanki, wannan ita ce mas'alar da ya kamata a kai gaban malamai.